U-47: Jirgin ƙarƙashin teku na Jamus da ya kutsa Scapa Flow

U-47 jirgin yaƙi ne mai tafiya a ƙarƙashin teku, samfurin VIIB, wanda kamfanin Germaniawerft ya ƙera a birnin Kiel na Jamus. Ya fara aiki a watan Disamban 1938, ƙarƙashin kwamanda Günther Prien.

Tsawonsa mita 66.5 ne, kuma yana da bututu biyar na harba tofido, wato bam mai gudu cikin ruwa. Injinan dizal ke tafiyar da shi a saman ruwa. Idan ya nutse sai ya dogara da batir, gudunsa ya ragu da fiye da rabi. Shi ya sa yakan kai hari cikin dare ba tare da ya nutse ba.

Haka ya sulale cikin Scapa Flow, babban sansanin sojojin ruwan Birtaniya a Sikotlan, ranar 14 ga Oktoban 1939. Ya nutsar da jirgin yaƙin Royal Oak, mutum fiye da 800 suka halaka. Wannan hari ne ya sa Birtaniya ta toshe mashigun gabashin sansanin da shingayen kankare.

A watan Maris na 1941 U-47 ya ɓace a Tekun Atlantika da dukkan mutum 45 da ke cikinsa.