Karin Kumallon Mashayi a Fagge da Sabon Garin Kano: Waiwaye a Kan Tarihinsa

1.0 Gabatarwa

Al'ummu da dama sun tanadi suna ga halin da mutum yakan wayi gari a cikinsa bayan ya kwana da giya a jika. Larabawa suna ce masa khumar, kalmar da ta fito daga tushe ɗaya da khamr. Jamusawa suna da kalacin da suka laƙaba wa sunan wannan hali, mutanen Koriya suna da miyar da suke kira haejangguk, Turkawa kuwa romon tumbi suke nema kafin gari ya waye. Hausar yau da kullum ba ta tsayar da kalma guda ba. Sai dai a ji an ce wane bai wartsake ba, ko kuwa abin bai sake shi ba, ko a ce yana fama da kasala da ciwon kai. Haka kuma babu wani abincin Hausa da aka raɗa wa suna domin mashayi.

Manufar wannan maƙala ita ce ta nuna cewa rashin suna bai hana abin wanzuwa ba. A Fagge da Sabon Garin Kano, mashayi ya sami maganinsa a cikin karin kumallon kowa da kowa, watau abincin da al'ada ta riga ta tanada domin majinyaci da maijego da mai azumi. Doka da addini da kunya ne suka sa ya ɓuya a nan, tarihin unguwannin biyu kuma shi ya fayyace yadda abin ya kasance.

2.0 Giya da Dokokinta a Ƙasar Kano

Giya ta girmi Turawa a ƙasar Kano. Littafin Tarihin Kano, inda ya lissafa manyan mutanen zamanin Barbushe, ya ambaci Bugazau a matsayin mai dafa giya. Maguzawa sun ci gaba da dafa ta da dawa da gero domin bukukuwa da aikin gayya, amma Musulunci ya haramta ta, jihadin da ya kai ga kafa sabuwar hukuma a Kano a 1807 kuma ya ƙara tsananta haramcin a birni.

Turawa sun ci Kano a watan Fabrairu na 1903, suka zo da tasu dokar. Yarjejeniyar Burasal ta 1890 ta hana shigar da barasar Turai yankunan Afirka da ba ta riga ta yaɗu ba, Jihar Arewa kuwa tana cikinsu. Dokar barasa ta 1917 ta tabbatar da Arewa a matsayin yankin hani, sai dai ta bar ƙofa ga Turawa da waɗansu baƙi da aka ba izini. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, cinikin gyaɗa ya buɗe a 1912, a 1913 kuma aka yanka Sabon Gari domin akawuna da ma'aikatan reluwe da 'yan kasuwa daga Kudu da Gwalkwas da Saliyo. Unguwar ta zauna a hannun jami'in Turawa, ba ta koma ƙarƙashin En'e ba sai a 1940. Saboda haka tun farko nan ne giyar kwalba da bammi da burkutu da fito suka sami mazauni, tare da otal-otal da gidajen rawa, da sinimar Rex wadda aka buɗe a 1937.

Fagge kuwa tsohuwar unguwa ce. Ana danganta kafuwarta da zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, 1463 zuwa 1499, a matsayin zangon ayarin Azbinawa a bayan ganuwa. A zamanin Turawa ta cika da Hausawa da sauran 'yan Arewa masu neman aikin gyaɗa da dako da tuƙi. Matsayinta a ƙasa shi ne muhimmi: tana tsakanin ƙofofin gabas na birni da Sabon Gari. Galibin mutanenta Musulmi ne waɗanda ba ruwansu da giya, amma duk ɗan birnin da ya saci jiki ya tafi Sabon Gari da dare, ta Fagge zai bi ya koma gida. Dokar Finalkod wadda ta fara aiki a 1960 ta mai da shan giya laifi ga Musulmi a sashe na 403. Mutumin da yake fuskantar tara ko ɗauri ko bulala, ga kuma zubewar mutunci a gaban iyaye da surukai, ba zai tsaya a bainar jama'a ya nemi maganin maye da sunansa ba.

Harshe ya nuna wannan ɓoyo. Mashaya sun saya sunan giya suka kira ta ruwa, sayen da Alhaji Mamman Shata ya yi amfani da shi a waƙa. Mu'azu Haɗeja kuwa a Waƙar Giya ya fito fili ya yi wa'azi a kanta. Da masu saye da masu wa'azi, hankalinsu yana kan dare. Safiyar mashayi ba ta sami mai ba ta suna ba.

3.0 Ma'anar Karin Kumallo

Kumallo shi ne tashin zuciya da ɗacin baki da mutum yakan ji da safe idan cikinsa ba kome. Ke nan Bahaushe tun asali ya ɗauki abincin safe a matsayin magani, abin da ake karya wata 'yar larura da shi. Mashayi da ya tashi da ƙishirwa da jiri da ƙwarnafi, kumallo ne yake damunsa, sai dai nasa ya fi na kowa tsanani. Bai bukaci sabuwar kalma ko sabon abinci ba. Ya isa ya zauna a benci ɗaya da leburan tasha da almajiri da mai gadin da ya kwana a bakin aiki, babu mai tambayarsa dalili.

4.0 Ire-iren Abincin

4.1 Koko da kunu. Ana jiƙa gero, a niƙa shi da citta da kanumfari da barkono, a tace, a bar gasarar ta kwana ta yi tsami, sa'an nan a dama da tafasasshen ruwa. Ga ruwa, ga ɗumi, ga sukari, ga citta mai kwantar da tashin zuciya. Ƙosai yakan biyo baya idan ciki ya karɓa. Kunun tsamiya shi ne abin buɗa-baki a watan azumi, kuma shi ake fara ba wanda zazzaɓi ya kayar. A Sabon Gari Yarabawa da Ibo suna da takwaransa na masara, watau akamu da akara. Kokon Hausa ya bi fatake har Kumasi da Ankara, inda ake sayar da shi da sunan Hausawa.

4.2 Fura da nono. Wanda zafin ciki ya dama yakan jira matan Fulani su shigo da hantsi. Nono mai tsami yana sanyaya ciki, fura kuma tana riƙe shi har azahar.

4.3 Farfesu. Sunan kansa aro ne daga Ingilishi, alamar cewa ta hanyar cuɗanya da mutanen Kudu ya shigo. Amma romo mai yaji ba baƙo ba ne, domin da shi da kunun kanwa ake jinyar maijego a kwanaki arba'in na wankan jego. Kayan haɗin su ne attaruhu da citta da masoro da kimba da tafarnuwa da ɗaɗɗoya. Mayankar Kano tana kusa da Ƙofar Mazugal, daf da unguwannin biyu, saboda haka kai da ƙafa da kayan ciki da ganda suna isa tukunya tun da sassafe. A mashayun Sabon Gari farfesu abokin kwalba ne da dare, a Fagge kuwa abin ci da gurasa ko waina ne da safe. Tukunya iri ɗaya ce, lokaci da wuri ne suka bambanta ma'anarta.

4.4 Shayi da burodi. Kalmar shayi daga Larabci take, burodi kuwa daga Ingilishi. Teburin mai shayi ya yaɗu tare da aikin albashi da tashoshin mota, ya ƙara ƙarfi bayan kafa masana'antar fulawa a Bompai a farkon shekarun 1970. Shayi mai kauri da madara da sukari da Bournvita, da wainar ƙwai, ya zama kalacin gwauro da direba. Indomie, wadda ta shigo Nijeriya a 1988, ta hau teburin daga baya. Mai shayi yana da wata fa'ida ga mashayi: yakan kai tsakar dare, ya kuma riga kowa fitowa.

4.5 Goro da magungunan kanti. Goro yana kore barci, yana kuma rufe warin baki kafin a gaida manya. A tiren masu talla akwai garin Alabukun, wanda Jacob Odulate ya haɗa a 1918, mai ɗauke da asfirin da kafin, akwai kuma gishirin Andrews da Panadol. Maltina, wadda kamfanin giya na Nigerian Breweries ya fitar a 1976, ta ba mutum damar riƙe kwalba a fili ba tare da zargi ba.

5.0 Abin da Likitanci Ya Tabbatar

Barasa tana danne sinadarin da yake sa ƙoda ta riƙe ruwa, sai fitsari ya yawaita, ƙishirwa ta biyo. Hanta tana juya ta zuwa asetaldihayid, mai guba, kafin ta mai da shi abin da jiki zai iya fitarwa, a lokacin nan kuma aikinta na samar da sukari ga jini yakan ragu. Bangon ciki yakan ƙuna, barci kuma ba ya nauyi. Bisa ga haka, koko da romo da shayi suna mayar da ruwa da gishiri da sukari, wannan kuwa taimako ne na gaske. Amma ba sa gaggauta aikin hanta. Nazarin da mujallar likitocin Ingila ta BMJ ta buga a 2005, da wanda masana na Kwalejin King's ta Landan suka fitar a ƙarshen 2021 bayan sun duba gwaje-gwaje 21, duk ba su sami ƙwaƙƙwarar hujja cewa wani abinci ko magani yana warkar da wannan hali ba. Lokaci ne kawai yake yi.

Haɗarin yana wajen magungunan kanti. Asfirin a kan cikin da ya riga ya ƙuna yana iya jawo gyambo da zubar jini, yawan farasitamol kuma yana cutar da hantar mai shan giya kullum. Wanda ya ƙara kurɓa da safe domin ya daina rawar jiki, alamar kamuwa ce ta bayyana gare shi. Wanda kuma ganinsa ya dushe bayan shan ogogoro, asibiti ya kamata a kai shi nan take, domin gubar metanol ce ta kashe mutane da dama a jihohin Ondo da Ribas a 2015. Tun da larurar ba ta da suna a baki, mai fama da ita yakan gaya wa likita zazzaɓi ne ko ciwon ciki, a yi ta maganin abin da ba shi ne ba.

6.0 Sauye-sauyen Zamani

Rikicin Mayun 1953 a kan iyakar Fagge da Sabon Gari ya gwabza. Kashe-kashen 1966 sun sa Ibo sun bar unguwar, ba su komo da yawa ba sai bayan ƙarewar yaƙin basasa a 1970. Shekarun arzikin man fetur sun cika otal-otal, har Kano ta sami kamfanin giya nata mai yin Double Crown. A 2000 jihar ta ƙaddamar da Shari'a, a 2003 aka kafa Hukumar Hisba da doka, a 2004 aka yi dokar hana sha da sayar da giya, a Nuwamban 2013 kuma aka farfasa kwalabe kimanin 240,000 a bainar jama'a. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan ya taɓa harkar dare. Kaskon mai ƙosai da tukunyar mai koko da butar mai shayi kuwa ba wanda ya tashe su, domin ba su taɓa zama na mashayi shi kaɗai ba.

7.0 Kammalawa

An ga cewa Sabon Gari da Fagge, waɗanda yanzu suke cikin ƙaramar hukuma ɗaya, sun raba aiki a tsakaninsu: dokar Turawa ta ajiye giya a ɗaya, hanyar komawa birni ta bi ta ɗayar. An ga kuma cewa mashayi aro ya yi daga kwanon majinyaci da na maijego, ya fake da kalmar kumallo. Darasin da ke nan ga mai nazarin harshe shi ne, ƙamus ba ya ɗauke da duk abin da al'umma ta sani, musamman abin da take jin kunyarsa. Mai son rubuta tarihin waɗannan unguwanni sai ya haɗa takardun kotu da na En'e da bakin tsofaffin masu koko da masu shayi da mahauta, domin su ne suka ga fuskokin da suka zo musu kafin rana ta fito.