Vera Caslavska da Taken Sobiyet a Meksiko

Duk wanda ya san tarihin wasannin Olamfik na 1968 ya san hoton Tommie Smith da John Carlos, baƙaƙen fatar Amurka biyu da suka ɗaga dunƙulen hannu ana rera taken ƙasarsu. Kwanaki kaɗan bayan haka, a wannan birni na Meksiko, wata mata 'yar Cekoslobakiya ta yi tata zanga-zangar ba tare da ta ɗaga komai ba. Sunkuyar da kai ta yi, ta kau da fuska. Sunanta Vera Caslavska, kuma ina ganin ba za a gane nauyin abin da ta yi ba sai an fara sanin matsayin da ta taka a fagen wasan alkafura, wanda ake kira jimnastik.

An haife ta a birnin Prag a 1942. A lokacin da ta taso, matan Tarayyar Sobiyet ne ke riƙe da kambun wannan wasa, Larisa Latynina tana gaba, ita da ta cinye gasar gwanar gwanaye a Olamfik na 1956 da na 1960. A Tokiyo a 1964 Caslavska ta karɓe wannan kambu, ta haɗa da zinare a tsallaken doki da kuma a kan gungume, wato katakon nan mai faɗin santimita 10 kacal da ake taka rawa da juyi a kansa. A 1966 ta jagoranci tawagar ƙasarta suka kayar da Sobiyet a gasar duniya a Dortmund. A gasar Turai ta 1965 da ta 1967 kuwa, duk zinare biyar da aka ajiye ita ta kwashe. A ta biyun alƙalai sun ba ta maki 10 cif, shekara tara kafin Nadia Comaneci ta sa wannan adadi ya shahara a Montreal.

Shekarar 1968 ta zo wa Cekoslobakiya da sassauci. Alexander Dubcek ya fara kwance ɗaurin da jam'iyyar kwaminis ta yi wa bakin jama'a. A watan Yuni marubuci Ludvik Vaculik ya fitar da wata takarda da aka sani da Kalmomi Dubu Biyu, mai neman a ci gaba da gyara, Caslavska ta sa mata hannu. Daren 20 ga Agusta tankokin yaƙin Sobiyet da na ƙawayenta suka shigo ƙasar. Saura wata biyu a fara gasa, gwanar duniya ta gudu ta ɓuya a tsaunukan da ke kusa da garin Sumperk don kada a kama ta.

Nan ne labarin ya fi kama ni. Wasan alkafura wasa ne na kayan aiki: sanduna, katifa, doki, gungume. Mako guda ba a taɓa sanda ba, fatar tafin hannu ta fara laushi. Kamar yadda ta riƙa ba da labari daga baya, rassan itatuwa ta mayar sanduna, kututturen da ya faɗi ya zama gungume, ta yi ta ɗaukar buhunan dankali don ƙarfin damtse, tana kwasar gawayi da shebur domin kantar hannunta ta tsaya. A daidai lokacin abokan hamayyarta na Sobiyet suna atisaye da cikakkun kaya. Sai dab da tafiya aka ba ta izinin fita.

Duk da haka ta ci zinare huɗu da azurfa biyu, tana da shekara 26. Ta sake zama gwanar gwanaye, ta ci tsallaken doki, ta ci sanduna. Da aka haɗa da na Tokiyo, ta zama mai zinaren Olamfik a kowane fanni na ɗaiɗaiku. Wasanta na dandamali ta yi shi da wani kiɗan gargajiyar Meksiko da kowa ya sani a can, wanda ya sa 'yan kallo suka ɗauke ta tamkar tasu. Sai dai hukunci biyu sun bar baya da ƙura. A gungume aka ba Natalia Kuchinskaya ta Sobiyet zinare, ita aka ba ta azurfa, zauren ya ɗau ihun rashin yarda. A dandamali kuma, bayan an ga kamar ta ci ita kaɗai, alƙalai suka ɗaga makin share fage na Larisa Petrik, aka ce sun yi kunnen doki. A bikin ba da lambobin biyu, da aka buga taken Sobiyet, Caslavska ta sunkuyar da kai ta juya shi gefe, kyamarori na ɗauka.

Ba na cikin masu cewa an yi maguɗi tabbas. Maki a wannan wasa ra'ayin alƙali ne, gardamarsa ba ta ƙarewa. Abin da nake da yaƙini a kai shi ne, da ba ta yi nasara ba, da babu wanda zai lura da inda ta kai fuskarta. Zinaren ne ya hau da ita kan mumbari, ya tilasta wa duniya kallonta a daidai lokacin da ƙasarta ba ta da bakin magana.

Sunkuyawar ta ɗauki minti ɗaya ko biyu. Kuɗinta kuwa shekara ashirin ta yi tana biya. Da gwamnatin Gustav Husak ta kafu, aka bi waɗanda suka sa hannu a takardar Vaculik ana neman su janye. Da yawa sun janye, ita ta ƙi. Aka hana ta fita waje, aka nisanta ta daga harkar wasanni, aka daina ambaton sunanta. Sai a ƙarshen shekarun 1970 aka bari ta je Meksiko aikin horaswa na ɗan lokaci, inda ba a manta da ita ba.

Bayan faɗuwar mulkin kwaminis a 1989, Shugaba Vaclav Havel ya ɗauke ta mai ba shi shawara. Ta shugabanci kwamitin Olamfik na ƙasarta, ta kuma zauna a kwamitin Olamfik na duniya daga 1995 zuwa 2001. Ta rasu a Prag ran 30 ga Agusta 2016, tana da shekara 74, sa hannunta na nan a kan takardar.