Yadda ake warware lissafin kayan sito da kuɗin ajiya

Daga cikin tambayoyin lissafi da suka fi kayar da ɗalibai, tun daga firamare har zuwa jarrabawar WAEC da NECO, akwai waɗanda ake tsarawa cikin zance: a ce ɗan kasuwa ya sayo kaya kaza, ya ajiye na wata kaza, ya sayar da kaza, sannan a tambayi abin da ya rage ko abin da ya kashe. Tarawa da ɗebewa da ninkawa da rabawa ne kawai ake buƙata, amma wahalar tana wajen gane wane adadi ne zai haɗu da wane. Irin wannan lissafi ne kuma mai hatsi a Kasuwar Dawanau ta Kano da ma'ajin sito a ma'aikatar gwamnati suke yi kullum, inda kuskure ke zama asarar kuɗi ko tuhuma. Alƙaluman da ke ƙasa na misali ne kawai.

Ƙa'idar farko: abin da ya rage

Kayan da aka fara da su, a tara da waɗanda suka shigo, a ɗebe waɗanda suka fita, shi ne ragowa. Fita ta haɗa da sayarwa da lalacewa da ɓata. Misali, an fara wata da buhu 240 na masara, an sayo 180, an sayar da 310, shida sun lalace. Buhu 240 da 180 sun zama 420. A ɗebe 310, saura 110. A ɗebe shida, saura 104.

Kafin a taɓa kowane adadi, wajibi ne a daidaita ma'auni. Dozin guda 12 ne, tan kilo 1,000 ne, wato buhu 20 masu kilo 50 ko buhu 10 masu kilo 100. Idan an ba da haya a shekara alhali ajiyar ta wata huɗu ce, sai a raba hayar gida 12 a ninka sau huɗu.

Ƙa'ida ta biyu: kuɗin ajiya iri biyu ne

Akwai kuɗin da ba ya sauyawa komai yawan kaya, kamar hayar sito da albashin mai gadi. Wannan da watanni ake ninka shi. Akwai kuma wanda ke bin yawan kaya, kamar ladan 'yan dako da maganin ƙwari. Wannan da buhuna ake ninka shi.

A ɗauka an sayi buhu 200 a kan N40,000 kowanne, wato N8,000,000. Hayar sito N30,000 ce a wata, wata huɗu N120,000. Dako N300 ne a buhu, jimla N60,000. Magani N500 ne a buhu, jimla N100,000. Duk abin da aka kashe ya kama N8,280,000. Sai tambayar ta ƙara da cewa kashi 4 cikin 100 na kayan sun lalace, nawa za a sayar da buhu a mayar da uwar kuɗi?

Kashi 4 cikin 100 na 200 buhu takwas ne, saura 192. Da 192 za a raba kuɗin, domin su kaɗai za su kai kasuwa, amsar kuwa ita ce N43,125. Wanda ya raba da 200 zai samu N41,400, kuma idan ɗan kasuwa ya sayar a haka, N7,948,800 zai tara, ya faɗi da N331,200 yana zaton ya mayar da uwa. Idan ana son ribar kashi 10 cikin 100, a kan N43,125 za a ɗora ta, farashi ya zama N47,437.50.

Ƙa'ida ta uku: kayan da ke raguwa

A nan ne aka fi ɗana wa ɗalibi tarko. Mai sito yana karɓar N200 a kan kowane buhu da ke ciki a farkon wata. An ajiye buhu 300, ana fitar da 100 a kowane wata. Mai gaggawa zai ninka 300 da N200 da wata uku, ya samu N180,000. Daidai shi ne a ƙirga wata-wata: 300 da 200 da 100 sun zama 600, sau N200, wato N120,000. Ana iya tabbatar da hakan ta hanyar matsakaici: buhu 200 a wata, sau uku, sau N200.

Nawa ya kamata a saro a lokaci guda?

A manyan azuzuwa da kwalejojin kasuwanci ana kawo tambayar da ta fi waɗannan zurfi. Saro kaya kaɗan-kaɗan yana ƙara kuɗin zirga-zirga, saro da yawa kuma yana ƙara kuɗin ajiya. Wani injiniya ɗan Amurka, Ford Harris, ya fitar da dabarar daidaita su a 1913. A ninka buƙatar shekara sau biyu, a ninka da kuɗin sari guda, a raba da kuɗin ajiye abu ɗaya a shekara, sannan a nemi adadin da idan aka ninka shi da kansa zai ba da wannan sakamako.

Misali, mai shago yana sayar da kwali 3,600 a shekara, kowace tafiya sari tana cin N20,000, ajiye kwali ɗaya a shekara kuma N400. Biyu sau 3,600 sau 20,000 ya ba da 144,000,000. A raba da 400, a samu 360,000, wanda shi ne 600 sau 600. Ke nan kwali 600 zai riƙa sarowa, sau shida a shekara. Tafiye-tafiye za su ci N120,000, ajiyar matsakaicin kwali 300 ita ma N120,000, jimla N240,000. Da kwali 1,200 yake sarowa sau uku, da ya kashe N60,000 a tafiya da N240,000 a ajiya, jimla N300,000. Dabarar tana aiki ne idan ciniki na tafiya bai ɗaya kuma farashi bai sauya ba, don haka ba ta dace da hatsin da ake saye da kaka domin jiran tsada ba.

Matakan amsa tambaya

A karanta tambaya sau biyu, a ja layi ƙarƙashin abin da ake nema. A jera adadin da aka bayar kowanne da ma'auninsa. A ware kuɗin wata daban, na buhu daban. A rubuta kowane mataki a fili, domin masu duba takardun lissafi suna ba da maki a kan hanyar da aka bi ko da an yi kuskure a amsar ƙarshe. Daga ƙarshe a mayar da amsar cikin labarin a gwada: buhu 192 sau N43,125 dole su ba da N8,280,000, in ba haka ba sai a koma baya a nemo inda aka kauce.