Hawan Ƙaho da Gardamar Wasa da Bijimi

Tun zamanin kakanni, hawan ƙaho wasan mahauta ne a Kano da Katsina da Zariya. Ran jajiberen Salla sai a fito da bijimi mai faɗa, an ɗaura masa igiya a wuya da ƙafar baya, masu kalangu suna zuga samari. Wanda kiɗa ya motsa shi sai ya faɗa tsakanin ƙahonin, ya rungume wuyan bijimin. Ba ya riƙe da makami, layunsa ya dogara gare su. In ya kuskure, ƙaho ya farke masa ciki.

A ƙasar Sifen ma akwai irin wannan wasa, amma can da takobi ake kashe bijimin a gaban 'yan kallo. A 1567 Paparoma Piyus na Biyar ya haramta shi, har ya hana a yi wa wanda ya mutu a filin jana'izar Kirista. Ran mutum ne ya dame shi, ba wahalar dabba ba. Dokar ba ta yi ƙarko ba: a 1575 magajinsa ya sassauta ta bisa roƙon sarkin Sifen.

Daga baya ne gardamar ta koma kan azabar bijimin. Majalisar yankin Kataloniya ta hana wasan a 2010, kotun tsarin mulki ta soke hanin a 2016.

A wasan mahauta, tambayar Piyus ce ta fi nauyi, gama bijimin daman mayanka za a kai shi, saurayin kuwa yana da uwa a gida.