Ragar Suya da Yadi Goma: Inda Ƙwallon Amurka Ya Samo Dokokinsa

Rubutun nan yana da ɗan tsawo, wanda ke da gwaji gobe ya ajiye shi sai ya fito.

Makon jiya na hau Micra daga ƙofar jami'a na sauka Mokola, na gangara Sabo da niyyar in ci tuwon gida, sai na tarar da shari'a tana jirana. Ƙanena, wanda bai cika shekara 19 ba amma ya fi ni tsawo da kai guda, ya sanar da gida cewa shi ƙwallon Amurka zai yi. Ya ji labarin sansanin neman 'yan wasa da NFL ta yi a Legas a 2024, shi ke nan ya kasa barci. Inna ta kalli bidiyon sau ɗaya a wayarsa, ta ga ƙarti da hular kwano suna karo kamar raguna, ta juyo ta ce da ni, "Kai da ka yi boko, wannan wasa ne ko yaƙi?" Na ce ta ba ni mako guda. Gaskiya iyakar sanina da wasan shi ne wani dare a watan Fabrairu da wasu 'yan hostal suka hana mu barci tun sha biyu da rabi har kusan asuba, wai suna kallon Supa Bol. Na leƙa na minti goma, na ga a gudu, a faɗi, a tsaya, a yi taro, a sake. Na koma ɗaki.

To na ajiye babi na biyu na tesis ɗina (Allah ya sa sufabaiza ba ya bibiyar shafin nan), na shiga bincike. Abin da na tarar ya ba ni mamaki. Ashe 'yan makaranta irinmu ne suka ƙirƙiro wasan, kuma kusan kowace dokar da ke ɗaure mana kai a cikinsa an kafa ta ne don toshe wata ɓaraka: ko wani ya yi wayo, ko wani ya mutu.

Ranar 6 ga Nuwamba 1869 ɗaliban Rutgers suka kara da na Princeton a jihar New Jersey. Wannan shi Amurkawa ke kira wasan farko tsakanin jami'o'i, amma da za ka gan shi za ka ce tamola ce ta unguwa: mutum 25 kowane ɓangare, ƙwallo zagayayya, ba a ɗauka a ruga da ita. Rutgers ta ci 6 da 4. Sai a 1874 ɗaliban McGill daga Kanada suka ziyarci Harvard suka nuna masu zari-ruga irin ta Ingila, mai ƙwallo kamar ƙwai wadda ake runguma a ruga. 'Yan Harvard suka ji daɗinta, sauran makarantu suka biyo baya, a 1876 wakilansu suka zauna a garin Springfield suka amince da dokokin zari-ruga. Ku lura, ɗalibai ne zaune a teburin nan, ba furofesoshi ba.

A cikinsu akwai wani ɗan Yale mai suna Walter Camp. Abin da ya dame shi a zari-ruga shi ne cukumurɗar da ake yi a kan ƙwallo: a jefa ta tsakanin ƙafafu, a yi ta ture-ture, duk wanda ta faɗo wa nasa ne. A 1880, yana da shekara 21, ya shawo kan sauran aka rage 'yan wasa zuwa 11, aka kuma ce ƙwallo tana da mai ita. Ɓangare ɗaya ne ke riƙe da ita, a ajiye ta a ƙasa, ɓangarorin biyu su jeru suna fuskantar juna, mutum na tsakiya ya tura ta baya ga abokinsa. Layin da ƙwallon ke kai shi ake kira layin sikirimej, turawar kuma sinaf. Wanda ya karɓa shi ne kwatabak, shi ne direban motar, shi ke faɗin dabarar da za a yi. Sauran ƙartin gaba aikinsu su tare masa. Duk wanda ya taɓa yin langa ya san tsarin nan: ga ruwa, ga dokunan da ke kare shi har ya je ya sha.

Amma ɗalibi ai ba a ba shi doka bai nemi ƙofar baya ba. Tunda ba abin da ya tilasta maka sakin ƙwallo, me zai sa ka sake ta? A wasan Princeton da Yale na 1881, Princeton ta riƙe ƙwallo tun farko har hutun rabin lokaci ba tare da ƙoƙarin ci ba, aka dawo Yale ita ma ta rama. Aka tashi babu ci, 'yan kallo suka tafi suna tsaki. Wannan abin kunya shi ya haifi dokar da ita ce zuciyar wasan har yau. A 1882 Camp ya kawo cewa ana ba ka dama uku ka ci gaba da yadi 5, in ka kasa ka miƙa ƙwallo. Kowace dama sunanta dawun, wato saukar mai ƙwallo ƙasa. Yadin kuma shi ne dai yadin da tela ke auna maka shadda.

To yaya alƙali zai san an ci yadi 5? Sai aka ja farin layi a faɗin fili bayan kowane yadi 5. Mutane suka hango daga sama suka ce wannan ai ragar ƙarfen gashin nama ce, wadda a Turanci ake ce wa giridayan. Sunan ya bi wasan har yau. Ni da na karanta wannan sai da na yi dariya, don duk ɗan Sabo da ya taɓa tsayawa gaban mai suya da magariba ya san wannan raga. Wasa mai biliyoyin daloli, ashe sunansa daga wurin mai nama.

Daga nan labarin ya daina ban dariya. Tunda yadi 5 kawai ake nema, kuma ba a yarda a jefa ƙwallo gaba ba, hanya mafi sauƙi ita ce a tara jiki a murƙushe mutum guda. A 1892 Harvard ta fito da wata dabara da wani Lorin Deland ya tsara, mutumin da bai taɓa buga wasan ba, gwanin dara ce irin ta Turawa kuma mai nazarin yaƙoƙin Napoleon. 'Yan wasa su yi sahu kamar tsinin mashi, mai ƙwallo a tsakiya, su taho a guje su afka wa mutum ɗaya. An hana ta a 1894, amma 'yan uwanta suka ci gaba: a riƙe juna, a ja mai ƙwallo, a tura shi ta cikin mutane. Ba hular kwano a lokacin, wasu gashi suke tarawa wai ya kare masu kai.

A kakar 1905 jaridu suka ƙirga aƙalla mutum 18 da suka mutu a fili, da yawansu yaran sakandare. A watan Oktoba na shekarar Shugaba Theodore Roosevelt, wanda ɗansa ke buga wa 'yan ajin farko na Harvard, ya kira mutanen Harvard da Yale da Princeton zuwa Fadar White House ya ce su gyara. A Nuwamba wani ɗalibin Union College, Harold Moore, ya mutu a wasansu da Jami'ar New York. Columbia ta soke wasan gaba ɗaya, Stanford da California suka koma zari-ruga. Shugaban Jami'ar New York, Henry MacCracken, ya kira taro, makarantu 62 suka hallara a ƙarshen Disamba, daga nan aka kafa ƙungiyar da a 1910 ta zama NCAA. A nan ne alƙalami ya bar hannun ɗalibai ya koma hannun hukuma. Ban ga laifin hakan ba, amma ku duba abin da sai da ya faru kafin manya su tashi.

Maganin da ake nema shi ne a warwatsa 'yan wasa su daina cunkushewa wuri guda. Camp ya so a ƙara faɗin fili. Matsalar ita ce Harvard ta riga ta gina filinta da kankare a 1903, ba halin matsar da wurin zama. Sai aka zaɓi ɗaya hanyar: a 1906 aka halatta jefa ƙwallo gaba, sau ɗaya a kowane dawun, daga bayan layin sikirimej. Wannan jifa mai kyau da kuke gani a bidiyo, ƙwallo na juyawa a sama, siminti ne ya taimaka aka haife ta. A shekarar aka mai da yadi 5 zuwa 10, aka bar tazarar tsawon ƙwallo tsakanin sahu biyu. A 1912 aka ƙara dawun ya zama 4, aka tsayar da tsawon fili a yadi 100, aka ƙara yadi 10 a kowane ƙarshe a matsayin gidan ci. Wato shekara huɗu kafin a yanka wa kakanninmu Sabo a 1916, wasan ya riga ya ɗauki kamannin da yake da su yau.

Ga lissafin a taƙaice, yadda na yi wa Inna. Kana da dawun 4 ka ci yadi 10, in ka ci a sabunta maka. Ka kai ƙwallo gidan ci, a guje ko ta cafewa, ka samu maki 6, shi ne tacdawun. Sunan tsoho ne, da sai ka dangwala ta ƙasa, yanzu ba dole. Daga nan ka buga ta tsakanin sanduna ka ƙara 1, ko ka sake kutsawa ka ƙara 2. In ka ga ba za ka kai ba amma kana kusa, ka buga tsakanin sandunan ka ɗauki 3. In kana nesa a dawun na 4, ka narka ta sama can wajen abokan hamayya su faro daga nesa. In aka kayar da kai da ƙwallo a gidanka, su ke da 2. Lokaci kashi huɗu ne, minti 15 kowanne, amma da tsaye-tsaye da talla sai a haura awa uku. Shi kuwa taron nan da ya kore ni daga ɗakin kallo, ana danganta shi da ɗaliban Gallaudet, makarantar kurame a Washington, a shekarun 1890. Suna magana da hannu, sai suka riƙa yin da'ira don kada abokan hamayya su karanta dabararsu. Tun da na san wannan na daina jin haushinsa.

Ƙanena ya fi son labarin Christian Okoye, kuma yana da hujja. Ɗan Inugu ne, ya je Amurka a matsayin mai jifan faifai, bai taɓa wasan ba sai yana da shekara 23. Kansas City Chiefs ta ɗauke shi a 1987, a 1989 ya fi kowa a NFL cin yadi da gudu, yadi 1,480. Ga kuma Osi Umenyiora da ya ci Supa Bol sau biyu da New York Giants, wanda yanzu shi ne kan gaba wajen neman samari a Afirka.

Ni kuma na ba shi labarin wani ɗan Najeriyar. Dakta Bennet Omalu ya yi karatun likita a Jami'ar Najeriya ta Nsukka, ya tafi Amurka ya zama mai binciken gawa a Pittsburgh. A 2002 aka kawo masa gawar Mike Webster, tsohon gwarzon Steelers, wanda ya mutu yana da shekara 50 bayan ya yi fama da ruɗewar tunani har yana kwana a mota. Matsayinsa a fili shi ne na tsakiya, mai sinaf, wurin nan da dokar Camp ta 1880 ta ƙirƙiro, inda kai ke haɗuwa da kai a kowane dawun. Omalu ya duba ƙwaƙwalwarsa ya ga lalacewar da yawan bugu ke jawowa, cutar da ake kira CTE. Ya wallafa a 2005, likitocin da ke aiki da NFL suka nemi a janye takardar. Ba a janye ba. A 2017 masu bincike a Jami'ar Boston suka duba ƙwaƙwalwar tsofaffin 'yan NFL 111 suka ga cutar a 110. Adalci ya sa in faɗa cewa iyalai ne suka ba da gawarwakin, galibi waɗanda dama sun ga alamu, don haka ba a cewa kowane ɗan wasa haka yake. Amma hular kwanon da aka wajabta a jami'o'i a 1939, a NFL a 1943, ƙoƙon kai take karewa. Ƙwaƙwalwa tana ciki tana girgiza abinta.

Da na koma Sabo ranar Asabar na ce da Inna tambayarta ita ce wadda Roosevelt ya yi a 1905, kuma a ganina har yau ba a gama amsa ta ba. Shawarar da na bayar ita ce ya yi nau'in tuta. Mutum biyar-biyar ne, ba karo, ba kayarwa. Ana rataya ƙyalle biyu a ƙugu, in aka fizge naka tamkar an kayar da kai ne. Dawun da sinaf da kwatabak da tacdawun duk suna nan, kuma shi ne za a buga a gasar Olamfik ta Los Angeles a 2028. Ƙanena ya ɓata rai ya ce, "Yaya, wannan ai wasan yara ne, ina amfanin jikina?" Na ce ya fara koyon ƙirga dawun tukuna, maganar hular kwano sai ya karanta labarin Webster da kansa har ƙarshe, sannan mu sake zama da Baba.

Jiya da daddare Inna ta kira ni. Wai ya tara yaran layinmu tara a filin firamare, ya auna yadi da igiyar shanya, kuma ya yayyanka mata tsohon zani ya yi tutoci. Ta ce tunda ni na kawo shawarar, kuɗin zanin a wuyana yake.