GIDAN DA AKA HAIFI ALƘALIN ALƘALAI TAFT

A wannan fitowa za mu leƙa birnin Sinsinati na jihar Ohayo a Amurka, inda wani tsohon gidan bulo mai bene yake tsaye a kan tudu. A cikinsa aka haifi William Howard Taft ranar 15 ga Satumba, 1857. Shi kaɗai ne a tarihin ƙasar ya riƙe manyan kujeru biyu: Shugaban Ƙasa daga 1909 zuwa 1913, sannan Alƙalin Alƙalai daga 1921 zuwa 1930. Ita kujerar shari'ar kuwa ita ce ya fi so tun asali.

Mahaifinsa, Alphonso Taft, lauya ne da ya kai ga zama Ministan Shari'a a 1876. Ya sayi gidan a 1851, ya ƙara masa ɗakuna ta baya saboda iyali. A 1877 gobara ta ci saman gidan, aka sake gyarawa. To, kun dai san halin gida idan yara suka girma suka watse. A 1889 iyayen suka tashi, aka zuba 'yan haya. Maigida ya rasu a 1891, uwargida Louise ta sayar da gidan a 1899.

Daga nan fa gida ya shiga hannu-hannu. Bayan rasuwar Taft a 1930, aka kafa ƙungiya don a sayo shi, amma kuɗi ba su taru ba. Wani ya saye, ya yanka shi sassa-sassa yana karɓar haya. Mu da muke kasuwa ba za mu ga laifinsa ba, don kuwa mai saye riba yake nema, ba tarihi ba. Ashe suna kaɗai ba ya hana gida lalacewa.

Abu biyu ne suka cece shi. Na farko, ɗan marigayin, Charles Taft, ya tsaya tsayin daka tare da ƙungiyar, har a 1964 aka sa gidan cikin wuraren tarihi na ƙasa, a 1969 kuma Majalisar Dokoki ta danƙa shi ga hukumar kula da irin waɗannan wurare. Na biyu, wasiƙun Louise. Baiwar Allah nan ta riƙa rubuta wa danginta labarin gida, har da irin kayan ɗakin da suka saya. Dangi suka adana takardun, masu gyara suka bi su suka mai da ɗakunan ƙasa kamar yadda suke a da.

Yau baƙi suna shiga suna ganin inda alƙalin ya tashi. Mu lura, jama'a: da an ƙone waɗancan takardu a matsayin shara, da bango kawai za a samu, babu mai iya cewa ga yadda cikinsa yake.