Kujerar Davidson da Murabus ɗin Firimiya Greiner

Wani mai karatu ya aiko yana tambaya ko an taɓa samun shugaban da hukumar yaƙi da rashawa wadda ya kafa da hannunsa ta zama sanadin saukarsa daga mulki. An taɓa, a jihar New South Wales ta ƙasar Ostireliya, kuma asalin al'amarin wani zaɓen cike gurbi ne da aka yi ran 2 ga Mayu, 1992, a mazaɓar Davidson da ke arewacin birnin Sidni.

Nick Greiner na jam'iyyar Liberal ya zama Firimiya a 1988, a wannan shekarar kuma ya kawo dokar da ta kafa hukumar ICAC mai binciken almundahanar ma'aikata da mahukunta. A zaɓen 1991 rinjayensa ya zube, domin cikin kujeru 99 na majalisar dokoki shi da abokan ƙawancensa sun tashi da 49, jam'iyyar Labor 46, ragowar huɗun kuwa na 'yan ba-ruwanmu ne, waɗanda tun daga ranar numfashin gwamnati ya koma hannunsu. Bayan haka kotu ta soke zaɓen mazaɓar The Entrance, aka sake shi a Janairun 1992, Labor ta cinye, kujerun gwamnati suka ƙara raguwa.

Amma wanda ya fi ci wa Firimiya tuwo a ƙwarya shi ne Dakta Terry Metherell, wakilin Davidson, tsohon ministan ilimi, mutum mai kaifin basira da zafin kai, wanda malaman makaranta suka yi ta zanga-zanga a kan sauye-sauyensa, ya kuma bar muƙamin minista a 1990 saboda wata mas'ala ta haraji. A Oktoban 1991 ya zauna gaban kyamarar talabijin, jama'a na kallo kai tsaye, ya shelanta ficewarsa daga jam'iyyar Liberal, ya ci gaba da riƙe kujerarsa a matsayin ɗan ba-ruwanmu. Ba a cika wata bakwai ba, a Afrilun 1992, sai aka wayi gari da labari biyu a haɗe: Metherell ya ajiye kujerar majalisa, an kuma ba shi babban muƙami mai gwaɓin albashi a hukumar kare muhalli ta jihar. Davidson kuwa gidan Liberal ce tun fil azal, saboda haka kowa ya san inda kujerar za ta faɗa. Can ta faɗa, Andrew Humpherson ya ci zaɓen.

Kafin ma a kaɗa ƙuri'a majalisa ta miƙa maganar ga ICAC. Kwamishinanta Ian Temby ya saurari shaidu, aka baje littafin da Metherell yake rubuta al'amuransa na yau da kullum a gaban jama'a, a watan Yuni kuma ya fitar da rahoto cewa, ko da yake Greiner da ministan muhalli Tim Moore ba su aikata laifin da za a gurfanar da su a kansa ba, abin da suka yi ya shiga ƙarƙashin ma'anar rashawa kamar yadda dokar hukumar ta fassara ta. John Hatton da Clover Moore da Peter Macdonald, 'yan ba-ruwanmu uku, suka ce ko Greiner ya sauka ko su kayar da gwamnati. Ran 24 ga Yuni ya yi murabus, John Fahey ya gaje shi.

A nan ne riwayoyi suka rabu. A watan Agusta kotun ɗaukaka ƙara, da rinjayen alƙalai biyu a kan ɗaya, ta rushe hukuncin Temby bisa hujjar cewa ya ƙetare iyakar da doka ta shata masa, magoya bayan Greiner kuma har yau da wannan suke kafa hujja cewa an zalunci mutumin kirki, an yi gaggawar tsige shi tun shari'a ba ta kai ƙarshe ba. Gaggawar na yarda an yi ta, kuma babu wanda ya ce kwabo ya shiga aljihunsa. Sai dai abin da alƙalan suka duba shi ne lafazin doka da hurumin hukuma, ba su kuwa ce cinikin bai auku ba. Muƙamin gwamnati amana ce ta al'umma, wanda ya bayar da shi domin a sakar masa kujerar da zai ƙarfafa mulkinsa da ita ya kashe dukiyar da ba tasa ba a kan buƙatar kansa, ko da fatawar lauyoyi ta halatta masa. A wannan gaɓar zuciyata ta fi karkata ga Temby da mutanen nan uku.

Majalisa ta gyara dokar a 1994 domin ta game ministoci da 'yan majalisa sosai, Labor ta karɓi mulki a 1995 ƙarƙashin Bob Carr, Humpherson kuma ya riƙe Davidson har 2007.